Bauta ko Ciniki? Ƴan Kallo da Taurarinsu a Zamanin Sinima Marar Magana

1. Matsalar kalma

Duk malamin da ya yi niyyar koyar da tarihin sinima da Hausa, ba zai yi nisa ba sai ya ci karo da kalmomi uku. Ta farko, «tauraro», ba ta da wuya: Ingilishi da Faransanci daga sama suka aro ta, mu ma muka bi sahu. Ta biyu ita ce wadda Faransawa suka karɓa daga Amurkawa, wato fan. A nan muna da zaɓi tsakanin «masoyi» da «magoyin baya», in abin ya yi tsanani kuma «ɗan ga-ni-kashe-ni». Ta uku ce ke ba mu wahala, wato culte, wadda ɗalibanmu suka saba fassarawa da «bauta». A kunnen Bahaushe bauta ba kalmar wasa ba ce. Tana nufin abin da mutum ke yi wa Mahaliccinsa, tana kuma nufin halin da bawa ke ciki a hannun ubangijinsa. Ta kowace fuska aka ɗauke ta, na ƙasa ba shi da ta cewa.

Wannan kalma ta shigo mana ne musamman ta hannun Edgar Morin, a littafinsa Les Stars na 1957. A ganinsa, shekarun 1920 su ne lokacin da taurarin sinima suka zama tamkar alloli: suna can nesa, ba a jin muryarsu, ana adana hotunansu da tarkacen tufafinsu kamar kayan tubarraki, ana aika musu wasiƙu kamar masu roƙo. Da sinima ta fara magana, in ji shi, sai suka sauko suka yi kama da mutane. Littafi ne mai daɗin karatu, kuma ba mu raina shi ba. Sai dai muna ganin kwatancen addini ya rufe wani abu da takardun zamanin ke nunawa a fili: masoyan nan ba su ɗauki kansu bayi ba. Sun ɗauki kansu masu haƙƙi a kan tauraro, suna biya suna kuma neman a biya su. Abin da za mu yi ƙoƙarin nunawa ke nan, da misalai daga Amurka inda abin ya fi ƙarfi, da ɗan leƙe zuwa Faransa da Jamus.

2. Wa ya fara neman suna?

Kafin 1909 galibin kamfanonin Amurka ba su bayyana sunayen ƴan wasansu ba. Da tsawon ƙafa ake sayar da fim, kamar yadi a kanti, kuma sunan kamfani shi ne shaidar kyawon kaya. Amma ƴan kallo sun fara gane fuskoki. Mako bayan mako suna ganin yarinya ɗaya a finafinan Biograph, ba su san sunanta ba, sai suka laƙaba mata «Yarinyar Biograph», suna rubuto wa kamfani suna tambaya ko wace ce, ko tana da aure.

Labarin da aka fi yawan bayarwa shi ne na Carl Laemmle, mai kamfanin IMP, wanda ya janye wannan yarinya, Florence Lawrence, daga Biograph. A watan Maris na 1910 ya buga talla a jaridar masu sana'ar fim yana ƙaryata jita-jitar cewa taragon cikin gari ya buge ta ta mutu, jita-jitar da masu tarihi da yawa ke ganin daga shagonsa ta fito. Sa'an nan ya kai ta birnin St. Louis don mutane su gan ta da ranta, jama'a suka yi dafifi a tashar jirgin ƙasa. Daga nan, in ji labarin, aka haifi tauraruwa ta farko. Richard deCordova, a bincikensa Picture Personalities na 1990, ya nuna cewa labarin ya yi wa Laemmle kwalliyar da ta wuce gaskiya. Kamfanonin Edison da Kalem da Vitagraph sun riga sun fara tallar ƴan wasansu a tsakanin 1909 da farkon 1910. A Faransa kuwa Le Film d'Art ya yi tinƙaho da sunayen ƴan wasan Comédie-Française tun 1908, Pathé kuma ba ta daɗe ba ta sa sunan Max Linder a tallanta.

Abin da ya fi jan hankalinmu shi ne halin Biograph kanta, wadda ta yi taurin kai ta ƙi ba da sunaye har 1913. Dillalan finafinanta a Ingila sun rasa yadda za su yi da tambayoyin ƴan kallo, sai suka ƙirƙiro sunayen ƙarya: Blanche Sweet ta zama Daphne Wayne, Mabel Normand ta zama Muriel Fortescue. Ba wanda zai ƙirƙiro suna don ya sayar da shi ga mutanen da ba su nema ba. Buƙatar daga zauren kallo ta taso. Kamfanoni sun biyo baya, wasu da sauri wasu da jan ƙafa, domin sun san ɗan wasan da aka san sunansa zai nemi ƙarin albashi. Tsoronsu kuwa ya tabbata. A 1916 Mary Pickford ta sa hannu a yarjejeniyar dala 10,000 a mako, Charlie Chaplin kuma ya karɓi dala 670,000 a shekara daga kamfanin Mutual (dalar Amurka muke nufi, ba tamu ta tamma biyar ba).

Da aka ga buƙatar tana kawo kuɗi, sai aka gina mata kasuwa. A 1911 mujallu biyu suka fito, Motion Picture Story Magazine da Photoplay. Da farko labaran finafinai suke bugawa, amma shafin amsa tambayoyin masu karatu ya fi komai farin jini, har ya ja mujallun zuwa ga rayuwar ƴan wasa: gidajensu, aurensu, abin da suke ci, maganin da suke shafawa. Faransa ta samu nata bayan Yaƙin Duniya na Ɗaya, Cinémagazine a 1921 da Mon Ciné a 1922, su ma da shafin wasiƙu.

A nan ne ƙarya ta zama sana'a. Kamfanin Fox ya ɗauko Theodosia Goodman, ɗiyar wani tela Bayahude na birnin Cincinnati, ya sa mata suna Theda Bara a 1915, ya baza cewa a Sahara aka haife ta, a inuwar gumakan Masar. Mu da muka san Sahara sai mu yi murmushi. To amma bai kamata mu ɗauka cewa masu karatun Amurka duk sun haɗiye ba: mujallun da suka yaɗa tatsuniyar su ne kuma suka tona ta ba da daɗewa ba, suka sayar da tonon kamar yadda suka sayar da ƙaryar. Masoyi na wancan zamani yana jin daɗin abu biyu a lokaci guda, tatsuniyar da kuma sanin cewa tatsuniya ce. Mai bauta ba ya biyan kuɗi don a gaya masa sunan tela uban gunkinsa.

3. Ikon na ƙasa

Misalin Mary Pickford ya fi kowane bayyana mana irin haƙƙin da masoya ke ji suna da shi. An haife ta a 1892. Tana cikin mutane huɗu da suka kafa United Artists a 1919, tare da Chaplin da Douglas Fairbanks da D. W. Griffith, ita ke riƙe da kuɗinta da finafinanta. Duk da haka jama'a ba su yarda ta girma ba. A 1925, tana da shekara 33, ta tambayi masu karanta Photoplay wace irin rawa suke so ta taka. Wasiƙu wajen 20,000 suka iso, kuma sunayen da suka fi yawa na ƙananan ƴan mata ne na littattafan yara, irin su Cinderella da Heidi da Alice. Ta bi umurni, ta sake fitowa a matsayin ƴar yarinya a wannan shekara. Ranar da ta yanke dogon gashinta mai lanƙwasa a 1928, labarin ya hau shafin farko na jarida, wasiƙun fushi suka biyo baya. A wannan hulɗa, wane ne bawan?

Haka kuma abin da ya sami Roscoe Arbuckle. A watan Satumba na 1921 aka tuhume shi da hannu a mutuwar ƴar wasa Virginia Rappe. Sau uku aka yi shari'a, a watan Afrilu na 1922 kotu ta wanke shi. Wankewar ba ta amfane shi ba, domin ƙungiyoyin mata da na coci da masu gidajen sinima sun riga sun yanke nasu hukunci, an janye finafinansa. Kamfanoni suka ɗauko Will Hays a 1922 ya zama mai tsaron mutuncin sana'ar, suka kuma shigar da sharaɗin kyakkyawan hali cikin yarjejeniyar ƴan wasa. Jama'ar da ke tura kuɗi a ba su hoton mutum ita ce ke da ikon kashe masa kasuwa cikin mako ɗaya.

Taurarin sun san haka, har sukan kai ƙara gaban masoyansu. Lokacin da Rudolph Valentino ya ɓata da kamfanin Famous Players-Lasky a 1922, kotu ta hana shi yin fim a wani wuri. Sai ya rubuta buɗaɗɗiyar wasiƙa ga jama'a a Photoplay, a 1923 kuma ya zagaya birane 88 yana rawa da matarsa Natacha Rambova a ƙarƙashin tallar wani man shafawa, a kowane zango yana sukar irin finafinan da ake tilasta masa. Ya koma aiki da albashin da ya ninka na da sau da yawa.

4. Gawar Valentino

Babu hujjar da masu maganar bauta suka fi dogara da ita kamar jana'izar Valentino, don haka ya kamata mu tsaya a kanta.

An haife shi a Castellaneta, kudancin Italiya, a 1895, ya sauka Amurka a 1913, ya yi aikin rawa da mata don kuɗi a gidajen shaƙatawa. Wata marubuciyar fim, June Mathis, ita ta matsa aka ba shi babbar rawa a The Four Horsemen of the Apocalypse a 1921. A wannan shekara ya fito a The Sheik, labarin wani shehun Larabawa da ya sace Baturiyar Ingila ya kai ta tantinsa a hamada. A rairayin Kalifoniya aka ɗauki fim ɗin, kuma a ƙarshe an bayyana cewa shehun ɗan wani basaraken Ingila ne da wata ƴar Sifen, don kada auren ya tayar da hankalin masu wariyar launi. Miriam Hansen, a Babel and Babylon na 1991, ta lura da wani abu da ya bambanta finafinansa: a cikinsu namiji ne ake kallo. Kyamara tana tsayawa a kan idonsa da ƙirjinsa da tufafinsa kamar yadda aka saba tsayawa a kan mace. Wannan ne ya sa mata suka so shi, wannan ne kuma ya sa maza ƴan jarida suka tsane shi. A ranar 18 ga Yuli 1926 jaridar Chicago Tribune ta buga sharhi tana ɗora masa laifin mayar da samarin Amurka masu shafa hoda. Ya fusata, ya ƙalubalanci marubucin su yi dambe. Bayan mako biyar, ranar 23 ga Agusta, ya mutu a wani asibitin Niyok sakamakon gyambon ciki da ya huda, yana da shekara 31.

Abin da ya biyo baya kowa ya ji shi: mutane wajen 100,000 a titi, ƴan sanda bisa dawaki, tagogin da aka farfasa, mata suna suma, labaran masu kashe kansu. Amma in muka warware wannan ƙulli zare-zare, za mu tarar kowane zare yana da mai shi. Gawar tana gidan shirya jana'iza na Frank Campbell, mutumin da ya san darajar talla. Mutane huɗu masu baƙaƙen riguna da suka tsaya gadin gawar, aka ce Musolini ya aiko su, daga baya aka gane haya aka yi su. Ƴar wasa Pola Negri, wadda ta ce da alkawarin aure tsakaninsu, ta yi ta faɗuwa a gaban masu ɗaukar hoto. Jaridar New York Evening Graphic, wadda ta shahara da harhaɗa hotuna, ta kai ga buga hoton Valentino yana gaisawa da mawaƙi Caruso a lahira. Kamfanin United Artists kuwa yana da sabon fim a hannu, The Son of the Sheik, wanda aka baza a gidajen sinima bayan ƴan kwanaki ya kuma kawo kuɗi masu yawa. Mamacin ya bar bashi mai nauyi, har kabarin da aka sa shi aron June Mathis ne.

Daɗin daɗawa, wakilinsa George Ullman ya dakatar da barin jama'a su shiga ganin gawar, kuma dalilin da ya bayar shi ne rashin ladabin taron: ana dariya, ana turereniya, kamar an zo kallon wasa. Cikin taron akwai maza da yara da ƴan ba-ni-na-iya da suka ga layi suka shiga. Ba mu ce babu wadda ta yi kukan gaskiya ba. Akwai, kuma da yawa. Abin da muke cewa shi ne hoton «dubban mata da suka haukace» haja ce da aka ƙera, masu ƙera ta kuwa su ne mutanen da suka yi wata guda suna zagin mamacin saboda mata na son sa. Da ransa sun ce shi ba namiji ba ne. Da ya mutu suka ce masu son sa ba su da hankali. Manazarcin da ya ɗauki rahotonsu a matsayin shaida ya gāji hukuncinsu bai sani ba.

5. Son malami da son ƴar kanti

Wannan ya kawo mu ga abin da ya shafe mu kai tsaye, mu da ke cin abinci da nazari. A 1927 Siegfried Kracauer ya buga jerin maƙaloli a Frankfurter Zeitung kan ƴan matan kanti da ke zuwa sinima. Nazarin yana da kaifi game da ƙaryar da finafinai ke yi kan talauci da arziki, amma kowane kashi yana ƙarewa da ɗan ba'a ga yarinyar da ke share hawaye a duhu. Ba a tambaye ta komai ba. A Faransa kuwa Louis Delluc, wanda ake kira uban sharhin sinima, bai damu da fim ba sai da ya ga ɗan wasan Japan Sessue Hayakawa a Forfaiture wajen 1916. Ya yi ta rubutu kan fuskar Hayakawa da ta William Hart, ya wallafa littafi sukutum kan Charlot a 1921, ya auri ƴar wasa Ève Francis. Shekaru talatin bayan haka Roland Barthes ya sadaukar da shafuka ga fuskar Greta Garbo. Fuskar da Delluc ya tsura wa ido ita ce yarinyar kanti ta yanko daga mujalla ta liƙa a bangon ɗakinta. Nasa aka kira photogénie aka sa shi a manhaja. Nata aka kira hauka.

Gaskiya ne cewa rashin magana ya taimaka wa duka biyun. Fuska ce babba a kan allo, ba murya, ba karin harshe da zai nuna garin mutum ko ajinsa. Kowa yana cike giɓin da muryar da ke ransa. Shi ya sa Pickford da Fairbanks suka kusa halaka a hannun masoya a Landan a 1920, aka kuma tarbe su haka a Mosko a 1926, ƙasar da ke zagin jari-hujja dare da rana. Amma cike giɓi aiki ne na ɗan kallo. Morin ya ga nisan tauraro ya kira shi allahntaka. Mu muna ganin fili ne da aka bar wa mai kallo ya yi gini.

Morin kansa ya yi aiki da mutumin da ya ɗauki wannan gini a fim. Jean Rouch, abokin aikinsa a Chronique d'un été, ya riga ya yi Moi, un noir (1958) da samarin Nijar ƴan ci-rani a unguwar Treichville ta Abijan, inda Umaru Ganda ya kira kansa Edward G. Robinson, abokinsa kuma Eddie Constantine. Taurarin zamanin magana ne, ba na zamanin da muke nazari ba, amma aikin iri ɗaya ne: ɗan dako ya ari sunan tauraro don ya faɗi abin da ke cin ransa game da aiki da yaƙin Indoshin da ya je. Ba wanda ya kalli fim ɗin zai ce Ganda yana bauta wa Robinson. Lambar da fim ɗin ya ci a 1958 sunan Delluc take ɗauke da shi.

Kada a fahimce mu da cewa cinikin na adalci ne. Kamfanoni sun mai da wasiƙun masoya ma'aunin farashin ɗan wasa, suna ƙirga su kamar buhunan gyaɗa. Adadin nan da ake yawan ambata, wasiƙu 45,000 da Clara Bow ta samu a watan Janairu na 1929, daga ofishin tallar kamfani ya fito, kuma haka ya kamata a karanta shi. Ita Clara Bow masoyiya ce kafin ta zama tauraruwa: ƴar talakawan Brooklyn mai shekara 16 da ta ci gasar hoto ta wata mujallar fim a 1921. Labarinta shi aka yi ta kaɗa wa dubban ƴan mata da suka kwarara Holiwud, galibinsu ba su samu ko aikin cike taro na yini ɗaya ba. Masoya suna da iko a jimlace, ɗaya-ɗaya kuwa ba su da komai.

Wahalar da ke gaban mai bincike ita ce shaidar da ta rage ta karkata gefe guda. Wasiƙun da muke karantawa a mujallu edita ne ya zaɓe su. Sauran, buhu-buhu, an ƙirga su an zubar. Finafinan ma ba su tsira ba. Rahoton da David Pierce ya yi wa Laburaren Majalisar Amurka a 2013 ya ƙidaya manyan finafinai marasa magana 10,919 da aka yi a ƙasar tsakanin 1912 da 1929, kashi 70 cikin 100 sun ɓace gaba ɗaya. Kusan duk aikin Theda Bara ya ƙone a gobarar ma'ajiyar Fox ta 1937, galibi hotunan talla ne suka rage, wato tatsuniyar ta rayu aikin ya mutu. Kundayen da ƴan mata suka liƙa hotuna a ciki, suna rubutu a gefe da hannunsu, kaɗan daga cikinsu sun isa ɗakunan adana takardu, kuma a can ne muryar na ƙasa take ba tare da edita ba.

Florence Lawrence, wadda aka ƙaryata mutuwarta a 1910, ta ƙare tana ƴan ƙananan fitowa a kamfanin MGM ba a ko rubuta sunanta. Ta kashe kanta a watan Disamba na 1938. Kabarinta a Holiwud ya zauna ba alama har 1991, lokacin da ɗan wasa Roddy McDowall, wanda shi kansa mai tara tsofaffin finafinai ne, ya biya aka kafa dutse da sunanta.